Paulin Soumanou Vieyra (1925-1987): Ma'aikacin Hukuma Da Ya Buɗe Wa Silimar Afirka Ƙofa

Duk wanda ya taɓa shiga gidan silima a shekarun farko na mulkin kai ya san cewa kafin a sa babban fim, akan fara da labarun mako: ga shugaban ƙasa yana saukowa daga jirgin sama, ga minista yana aza harsashin ginin makaranta, ga ƴan makaranta a jere suna kaɗa tuta. Jama'a kan zuba wa manya ido, ba safai wani ke tambayar wane ne ya tsaya bayan kyamara ba, balle wanda ya nemo kuɗin faifan, ya tsara tafiyar, ya zaɓi abin da za a nuna da abin da za a bari. A ƙasar Senegal, mutumin da ya riƙe wannan aiki shekara goma sha biyar, daga 1960 zuwa 1975, shi ne Paulin Soumanou Vieyra. Ma'aikacin gwamnati ne mai cin albashinta, amma daga wannan kujera tasa ya taimaka aka haifi finafinan da suka fi kowaɗanne faɗa wa gwamnatocin Afirka gaskiya.

Asali da ƙuruciya

An haifi Vieyra ran 31 ga watan Janairu na shekara ta 1925 a birnin Porto-Novo, cikin ƙasar Dahome, wadda a yau ake kira Jamhuriyar Benin. Sunan gidansu ya fito ne daga Burazil, domin zuriyarsu na daga cikin ƴan Afirkan da aka kai can bauta, daga baya suka komo gaɓar tekun Gine suna ɗauke da sunayen iyayen gijinsu na da. Mahaifinsa ma'aikacin hukumar jirgin ƙasa ne. Yaron yana da shekara goma aka tura shi Faransa karatu a makarantar kwana. Can ya girma, can yaƙin duniya na biyu ya riske shi, nesa da uwa da uba, nesa kuma da harsunan ƙasarsu.

Da ya gama sakandare sai ya shiga jami'ar Paris yana karatun ilmin halittu. A shekara ta 1947 aka neme shi ya ɗan fito cikin wani fim na Claude Autant-Lara mai suna Le Diable au corps. Fitowar ba ta taka kara ta karya ba, amma ta ba shi damar ganin yadda ake aikin daga ciki: masu haske, masu sauti, masu lissafin kuɗi, kowa da nasa. Daga nan zuciyarsa ta karkata ga silima. A 1952 ya samu shiga IDHEC, babbar makarantar koyon aikin silima ta Faransa, ya kuma zama baƙar fatar Afirka na farko da ya fito daga cikinta da takardar shaida. Ɗan gajeren fim ɗin da ya yi na gama karatu a 1954, C'était il y a quatre ans, wato yau shekara huɗu ke nan, labarin wani ɗalibi ne da ke zaune a ɗakinsa a Paris yana tuna ranar da ya baro gida.

Dokar da ta tsare hanya

Samun takardar shaida bai ba shi ikon yin aiki a ƙasarsu ba. Tun a 1934 ministan ƙasashen mallaka na Faransa, Pierre Laval, ya sa hannu kan wata doka wadda ta hana kowa ɗaukar fim a ƙasashen Afirka da ke hannun Faransa sai da izinin gwamna. Dole mai neman izini ya bayyana labarin da zai ɗauka da mutanen da za su yi aikin. Dokar ba ta tsaya kan takarda kaɗai ba. Wani saurayi Bafaranshe, René Vautier, ya ɗauki fim ɗin Afrique 50 inda ya nuna aikin tilas da ƙone-ƙonen ƙauyuka, aka hana nuna fim ɗin fiye da shekara arba'in, shi kuma aka yanke masa ɗaurin shekara guda. Haka nan aka tsare Les statues meurent aussi na Alain Resnais da Chris Marker, wanda ya yi magana kan yadda mulkin mallaka ya lalata fasahar sassaƙa ta Afirka. In Bafaranshe ya sha haka, ba sai an faɗi abin da ke jiran ɗan ƙasar mallaka ba.

Vieyra da abokansa uku, Mamadou Sarr da Jacques Mélo Kane da Robert Caristan, sun kafa wata ƙaramar ƙungiya ta ƴan silimar Afirka a Paris. Da suka ga hanyar gida a rufe take, sai suka juya kyamara ga birnin da suke zaune. A 1955 suka fitar da Afrique-sur-Seine, wato Afirka a bakin kogin Seine, fim na minti ashirin da ɗaya, baƙi da fari, da taimakon kwamitin finafinai na gidan tarihin Musée de l'Homme. Fim ɗin ya buɗe da hotunan yara suna wasa a bakin kogin Kwara, waɗanda aka aro daga faifan Vautier, sannan ya shiga titunan Paris yana bin ɗalibai da masu shara da ma'aikatan gidajen abinci da mai bara, dukansu baƙar fata. Shekaru da yawa Turawa ke zuwa Afirka suna ɗaukar hoton mutanenta suna yi wa duniya bayaninsu. A wannan karo ƴan Afirka ne suka ɗauki babban birnin masu mulkinsu, suka yi bayaninsa da bakinsu. Shi ya sa ake lissafa wannan ɗan fim cikin na farko-farkon da ƴan Afirka ta kudu da Sahara suka yi da hannunsu.

Mai ɗaukar tarihin mulkin kai

Bayan wannan aiki Vieyra ya koma Dakar, wadda a lokacin ita ce hedkwatar ƙasashen Afirka ta Yamma na Faransa, ya shiga aikin watsa labaru. Ya iso a daidai lokacin da abubuwa ke gudu. A 1957 ya bi matasan Afirka zuwa babban taron matasan duniya a Mosko, ya ɗauki fim. A 1958, shekarar ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga Satumba da kuma kafa Jamhuriyar Nijar ran 18 ga Disamba, ya yi wani fim mai suna Le Niger aujourd'hui, wato Nijar a yau. A 1959 ya ɗauki taro na biyu na marubuta da masu fasaha baƙar fata a birnin Rum, ya kuma ɗauki Léopold Sédar Senghor da Modibo Keïta a zamanin da Senegal da Sudan ta Faransa suka haɗu cikin Tarayyar Mali, wadda ta watse a watan Agusta na 1960. A wannan shekara ta 1960 ya ɗauki bukukuwan mulkin kai na Kamaru da Togo da Kwango da Madagaska.

Da Senegal ta tsaya da ƙafarta, Senghor ya danƙa masa shugabancin sashen labarun silima na ƙasa, Actualités sénégalaises. Vieyra ya zauna a ƙasar, ya zama ɗanta, ya auri Myriam Warner, ƴar tsibirin Guadeloupe, wadda daga baya ta shahara a rubutun ƙagaggun labarai, musamman littafinta Juletane na 1982.

Aikin sashen ba ƙarami ba ne. A wancan zamani babu talabijin a gidaje, masu iya karanta jarida kuma kaɗan ne. Ban da rediyo, silima da majigi su ne hanyar da talaka ke ganin fuskar shugabansa da idonsa. Sai dai babu ɗakin wankin fim a Dakar. In an ɗauki hoto sai a rufe faifan cikin gwangwani, a ɗora shi a jirgin sama zuwa Paris, can a wanke, a yanka, a haɗa, a sa murya, sannan a komo da shi. Wata hukuma da Faransa ta kafa a farkon shekarun 1960, Consortium audiovisuel international, ita ke yi wa ƙasashe da dama wannan aiki. Gidajen silima kuwa, da hanyar rarraba finafinai, suna hannun kamfanoni biyu na Faransawa, COMACICO da SECMA. Ke nan ƙasa ta samu tuta da take, amma hotonta sai ya je Turai ya kwana kafin ta gan shi. Vieyra ya san wannan ciwo fiye da kowa, domin shi ke aika gwangwanin, shi ke jiran dawowarsa.

Ya raka Senghor tafiye-tafiyensa na ƙasashen waje, ciki har da Italiya da Burazil, yana ɗaukar saukar jirgi da gaisuwar shugabanni da liyafa. A 1961 ya yi Une nation est née, wato an haifi ƙasa, domin cikar Senegal shekara guda da mulkin kai, inda ya bi tarihin ƙasar daga zuwan Turawa har ranar da suka miƙa mulki. A 1966 ya ɗauki babban bikin fasahar baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar. Waɗannan finafinai na hukuma ne, murya ɗaya ke cikinsu, muryar mai mulki. Shekarun nan ne kuma aka kama shugaban majalisar ministoci Mamadou Dia a watan Disamba na 1962 aka ɗaure shi a Kédougou har 1974, aka kuma yi boren ɗalibai da yajin aikin ma'aikata na watan Mayu na 1968. Labarun mako na gwamnati ba wurin jin ta bakin wanda aka ɗaure ba ne. A nan Nijar, a 1966, Moustapha Alassane ya zana irin waɗannan tafiye-tafiye na shugabanni a cikin Bon voyage Sim, inda kwaɗi ke yi wa shugabansu fareti. Abin da Alassane ya yi wa dariya da alƙalamin zane, shi ne aikin Vieyra na kowane mako.

Abin da ya yi da kujerarsa

Da iyakar aikinsa ke nan, da an manta da shi tare da tsofaffin gwangwanaye. Amma Vieyra ya gane cewa a ƙasar da babu kamfanin fim, babu makarantar fim, babu banki mai ba da rancen yin fim, sashen labarun gwamnati shi kaɗai ne wurin da ake samun kyamara da fitilu da mota da ƙwararrun ma'aikata. Sai ya mai da sashen kamar makaranta da rumbun aro ga matasa masu son aikin.

Shi kansa ya yi amfani da wannan dama ya fita daga fadar shugaban ƙasa zuwa cikin jama'a. A 1963 ya yi Lamb, fim kan kokowar gargajiya ta Senegal: yadda ƴan kokowa ke motsa jiki a bakin teku, layu da tsafe-tsafe, kirari da kiɗa, da yadda fili ke cika. Mai karatu da ya saba da gasar takobi ta ƙasa, wadda aka fara a Tawa a 1975, ba ya bukatar a faɗa masa matsayin wannan wasa a zukatan mutane. An zaɓi Lamb cikin gasar gajerun finafinai ta bikin Cannes a 1964. Wani fim nasa, Môl, labarin wani saurayi masunci ne na garin Kayar mai son sayen inji ya sa wa kwalekwalensa. An ɗauke shi a 1957, amma rashin kuɗi ya sa ba a kammala shi ba sai 1966. Shekara tara faifan na jiran a haɗa shi. Wanda ya ɗanɗani wannan jira ya san darajar mai nemo kuɗin fim.

Babban abin da ya yi shi ne tsayawa bayan Ousmane Sembène. Sembène tsohon lebura ne a tashar jiragen ruwa ta Marseille, marubuci, ɗan ƙungiyar ƙwadago, mai ra'ayin gurguzu, wanda ya koyo aikin fim a Mosko. Babu abin da ya haɗa ra'ayinsa da na Senghor. Duk da haka, da ya zo yin Borom Sarret a 1963, labarin wani mai amalanke a Dakar da mulkin kai bai sauya masa komai ba, Vieyra ya taimaka masa. Daga baya ya zama mai kula da shirin manyan finafinansa, aikin da a yau ake kira na furodusa: shi ke riƙe da lissafin kuɗi, shi ke neman izinin hukuma, shi ke tsara ranakun aiki da motoci da masauki da abincin ma'aikata, shi ke tabbatar da cewa faifai bai ƙare a tsakiyar daji ba.

Ta haka aka yi Mandabi a 1968, babban fim na farko da aka yi da harshen Wolof, kan wani dattijo da takardar kuɗi daga Paris ta jefa shi cikin wahalar ofisoshi, fim ɗin kuma ya samu lambar yabo a bikin Venise. Aka yi Emitaï a 1971, kan yadda sojan Faransa suka ƙwace shinkafar mutanen Diola na yankin Casamance a lokacin yaƙin duniya na biyu. Aka yi Xala, wanda ya fito a 1975, inda aka kwatanta sababbin attajiran ƙasa da ango da ya rasa ƙarfin namiji a daren aurensa, hukumar tace finafinai kuma ta yanke wurare da dama kafin ta bari a nuna shi a Senegal. Aka yi Ceddo a 1977, aka hana nuna shi a ƙasar shekaru da yawa, dalilin da hukuma ta bayar kuwa shi ne wai an rubuta sunan da harafin d biyu maimakon ɗaya. A yawancin waɗannan shekaru, mutumin da ke kula da shirin finafinan nan shi ne kuma mai ɗaukar hoton shugaban ƙasa. Bai yi murabus don nuna fushi ba, bai kuma janye hannunsa daga abokinsa don tsoron kujerarsa ba. Ya riƙe igiyoyin biyu, kowace da nauyinta.

Ƙungiya da alƙalami

Vieyra ya ga cewa ƙasa guda ba za ta iya karya ƙarfin kamfanonin rarraba finafinai ita kaɗai ba. Yana cikin waɗanda suka yi ƙoƙarin kafa Tarayyar Masu Shirya Finafinai ta Afirka, FEPACI, wadda aka soma maganarta a bikin al'adun Afirka na birnin Aljiyas a 1969, aka kuma kafa ta a Tunis a 1970. A wannan zamani ne aka fara bikin FESPACO na Wagadugu, wanda babbar lambarsa ta farko, a 1972, ta zo Nijar ta hannun Oumarou Ganda da fim ɗinsa Le Wazzou polygame.

Ya kuma ga wani haɗari: finafinan nan ana yin su da ƙyar, ana nuna su sau kaɗan, sannan su ɓace, babu mai rubuta sunan wanda ya yi su da shekarar da aka yi su. Sai ya ɗauki alƙalami. Ya wallafa Le cinéma et l'Afrique a 1969, da littafi kan Sembène a 1972, da Le cinéma africain des origines à 1973 a shekara ta 1975, wanda shi ne tarihin silimar Afirka na farko da ɗan Afirka ya rubuta, sannan Le cinéma au Sénégal a 1983. A 1982 ya samu digirin dakta a jami'ar Paris a ƙarƙashin kulawar Jean Rouch, mutumin da ya daɗe yana aiki a Nijar. Bayan ya bar aikin labarun gwamnati ya koyar da matasa ƴan jarida a makarantar CESTI ta jami'ar Dakar.

Ɗaurin talala

Mutumin da ya taimaki wasu suka yi manyan finafinai, shi kansa babban fim ɗaya tak ya samu yi, yana da shekara hamsin da shida. Ya fito a 1981, bayan Senghor ya sauka daga mulki a ƙarshen 1980. Sunansa En résidence surveillée, wato ɗaurin talala. Labarin wata ƙasar Afirka ce ta ƙage wadda ke fama da rikicin siyasa da na tattalin arziki, da shugabanta da mashawartansa, da wani malamin jami'a da ya yi rubutu kan tsarin sarautar gargajiya. Wanda ya yi shekara goma sha biyar yana kallon mulki daga kusa, yana nuna abin da aka yarda a nuna, a nan ne ya faɗi abin da ya gani. A wannan shekara kuma ya fitar da L'envers du décor, wato bayan fage, inda ya nuna yadda aka yi aikin Ceddo. Ya kuma ɗauki rayuwar marubuci Birago Diop da ta mai zane Iba N'Diaye.

Vieyra ya rasu a Paris ran 4 ga watan Nuwamba na 1987, yana da shekara sittin da biyu, aka kai gawarsa Dakar aka binne. Shekaru da dama sunansa bai fita daga bakin masana ba, sunayen waɗanda ya taimaka kuwa suka zagaye duniya. Daga baya iyalinsa suka tashi tsaye wajen tattara ayyukansa. A 2018 aka sake nuna Lamb a bikin Cannes bayan an gyara faifan, daga baya kuma aka miƙa takardunsa ga jami'ar Indiana ta Amurka domin adanawa. Lambar da masu sharhin finafinai na Afirka ke bayarwa a FESPACO tana ɗauke da sunansa.

Ana iya yi masa hisabi ta fuska biyu. Akwai mai cewa labarun makon da ya shugabanta sun nuna fareti sun bar kurkuku, wannan kuwa gaskiya ne. Akwai kuma mai cewa in ba don kyamarori da ma'aikatan wannan sashe ba, da haƙurin mutumin da ke riƙe da makullinsu, da wuya silimar Senegal ta tashi da wuri haka, wannan ma gaskiya ne. Hotunan da ya ɗauka don hukuma, su ne a yau shaidar da ta rage ta yadda aka sauke tutar mallaka a ƙasashe da dama, da fuskokin mutanen da suka tsaya cikin rana suna kallo. Duk matashin da ke aiki a gidan talabijin ko ofishin labarai na gwamnati, yana riƙe da kayan aikin da ba nasa ba, zai samu abin tunani a rayuwar Paulin Soumanou Vieyra, wanda aka ba makulli don ya tsare ɗaki, ya tsare shi da amana, ya kuma bar ƙofar a buɗe ga masu zuwa bayansa.